Hannun Kawu a Majigi

Mun tashi da asuba daga Gusau a motar majigi zuwa garin kawuna, ni da direba da wani Bature ɗan Italiya. Ni ne tafinta. Shi kuwa aikinsa yanka fim da haɗa shi. Ɗan tela ne, ya ce, almakashin ubansa ya ɗauka ya shiga wannan sana'a tun yana saurayi, kuma a wurinsa haɗin kirki shi ne wanda ido bai ga ɗinkinsa ba. Hanya ta jijjiga mu har haƙora. A Talata Mafara muka sha fura mai arha da kauri, Baturen ya nemi cokali, mai furar ta yi ta dariya.

Zumuɗi nake, don bara an ɗauki kawuna a fim, badukun Ƙofar Dundaye, yana miƙa wa limaminsu gafakar Alƙur'ani da ya ɗinka. Washegari za a nuna wa duk gari.

Baturen nan yana da wata ɗabi'a da na ɗauka ɓata lokaci ce: sai wanda aka ɗauka ya fara ganin kansa kafin a nuna wa jama'a. Da isarmu da la'asar muka toshe zauren Kawu da tabarmi don ya yi duhu, aka kunna inji. Ga Kawu a bango, ga liman, ga gafaka. Amma da hagu yake miƙa ta!

"Wanga ba ni ba na!" in ji Kawu. "Ni da hurhurata in ba liman kayan Alƙur'ani da hagun? Mi mutane za su ce da ɗiyana?"

Na fassara. Baturen bai ga abin tashin hankali ba, sai da na ce masa in aka nuna wannan, Kawu ba zai ƙara tsayawa sahun gaba a masallaci ba. Bai yi musu ba. Ya zare fim ɗin, ya ɗaga shi a hasken ƙofa, ya dafe kai. Ashe gefe ɗaya mai sheƙi ne, ɗaya dishi-dishi, shi kuma ya manna guntun da Kawu ke ciki a bai-bai, dama ta koma hagu. Ya yanke, ya kankare bakin, ya juya, ya shafa gam. Aka sake kunnawa, hannun Kawu ya dawo.

Washegari bayan magariba jama'a suka kalla, ana ta sa wa Kawu albarka. Wallahi sai da na share hawaye.

Ranar komawa Kawu ya ɗinka wa Baturen kube na jar fata don almakashinsa. Baturen ya ɓoye hagunsa a baya kamar ya sato abu, ya karɓa da dama.

Mun iso Gusau lafiya, alhamdu lillahi. Abin da na koyo, gwani ma yakan yi kuskure, amma yakan tsaya ya duba kafin ya kunyata wani. Har yau Kawu yana sahun gaba.