Amsar da Buba bai miƙa ba

Yau shekara tara da rasuwar ƙanena Buba, shekara goma sha huɗu da korarsa daga aikin gwamnati. A wurina ranar korar ce ya fara mutuwa, kuma da hannuna a ciki. Gara in faɗa tun yanzu, kada a ce na zo wanke kaina.

Buba direba ne a wata ma'aikata a nan Jalingo. Wata rana ogansa ya aike shi da baki, ba takarda, ya kai masa kayan gini ƙauyensu da motar ofis. Mota ta lalace a hanya, ya yi kwana huɗu. Yana dawowa ya tarar da takardar tuhuma: ya bar aiki ba izini, ya fita da motar gwamnati, kuma ana so ya ba da amsa cikin kwana biyu. Wanda ya aike shi ɗin shi ya sa hannu.

Ya same ni a shagon ɗinkina a Majidaɗi da amsarsa shafi biyu. Ya rubuta komai, har sunan makanikin da ya gyara motar. Ya ce, "Hamma, saurari ka ji." Ban bari ya kai ƙarshe ba. Na ce, "Kai Buba, kana da hankali kuwa? Sunan babba za ka sa a takarda? Ninke ta. Gobe mu ɗauki liman da dattawa mu je gidansa ban haƙuri." Haka muka taso muka ga ana yi, kuma ni ne babba, bai taɓa yi mini musu ba. Ya ajiye ta a kan kekena ya tafi.

Muka je gidan ogan a unguwar Barade, muka cire takalma, muka durƙusa. Oga ya ce ba komai, magana ta wuce, har lemo ya sa aka kawo mana. Ashe kwamiti ya zauna, ba wanda ya kira Buba ya ji ta bakinsa. Suka rubuta cewa bai amsa tuhuma ba, kuma ya kawo dattawa neman afuwa, wato ya amsa laifi ke nan. Da takardar kora ta fito, ni ɗin dai na sake cewa mu jira, oga ya yi alkawarin gyarawa. Wata bakwai muna jira, wai muna ladabi.

Ran da muka je wurin lauya sai ya dafe kai, ya ce, "Ina kuke tun tuni? Ba a korar mutum ba a saurare shi ba." Ya shigar da ƙara. Bayan shekara biyu ana ɗage zama, alƙali ya ce doka wata uku ta bayar, mun zo a makare. Ko kalma ɗaya ba a yi kan motar ba. Buba ya koma haya da babur har ciwo ya kwantar da shi. Bai taɓa ce mini ga abin da ka jawo mini ba, kuma wallahi da ya zage ni da ya fi mini sauƙi.

Da Buba zai dawo yau, me zai gani? An yi wa ofis ɗin fenti. Ogan ya yi ritaya, a sahun gaba yake salla. Har yanzu ƙaramin ma'aikaci in aka ba shi takardar tuhuma, hula yake nema ya tafi kamun ƙafa, ba biro ba. Ban ga alamar za mu daina ba.

A watan jiya 'yarsa Fadimatu, wadda take aiki a wani asibitin gwamnati, ta zo mini da tata takardar tuhumar. Ta ce, "Bappa, ko za ka tara dattawa a je a ba da haƙuri?" Na jawo aljihun keke na miƙa mata amsar ubanta. Abin da ya rage na Buba ke nan: fayil da ya ce korarre ne, da shafi biyun nan da ba wanda ya karanta a ofis.

Ta karanta a tsaye, ta ɗago. "Ashe Baba ba shi da laifi? To me ya hana shi miƙa ta?"

Na ce mata ni ne.