Harawar Hammawa

Duk Inkil babu wanda bai san Malam Hammawa ba, kuma wanda duk ya san shi ya san abin da ke cin ransa. Ba gona ba ce, ba kujerar Makka ba. Abu ɗaya yake roƙon Allah bayan cikawa da imani: matarsa Hamsatu ta sa girkinsa a baki, ta tauna, ta haɗiye. Shi ke nan fa. Shekara wajen arba'in yana kan wannan nema kamar mai neman sarauta.

Girkin ma da wani abin a zo a gani ne, da sauƙi. Koren wake ne, dogon nan da ake kawowa daga Jos, wanda ake ci da kwasfarsa tun ƙwayar ba ta ƙosa ba. Sai 'yan mitsi-mitsin albasa da ba su wuce ƙwan tantabara ba, irin waɗanda masu albasa a kasuwar Muda Lawal ke watsa wa mutum gyara don su rabu da su. A kan wannan ne dattijo guda, mai gemu da carbi, ya ƙare rayuwarsa yana jayayya da iyalinsa.

A ruga aka haife shi. Yana saurayi ciwon huhu ya shiga garken mahaifinsa ya share shi tas, ya bar musu sanda da igiyar ɗaure maruƙa. Hammawa ya shigo Bauchi ba shi da komai sai tsawo da kunya, ya samu aikin gadi a gidan wani hafsan soja a barikin Shadawanka. Matar hafsan, Madam Christiana, ita ta lura da yadda yake wanke kwanon abincinsa, ciki da bai, kamar mai wanke ƙwaryar nono. Ta ce mai irin wannan tsabta bai kamata ya ƙare a bakin ƙofa ba. Ta jawo shi kicin, ta ɗaura masa farin ƙyalle a ƙirji. Kowa da kiwon da ya karɓe shi. Ɗan Fulani ya koma kiwon tukwane.

Ya koyi shinkafa kala-kala, ya koyi gashin kaza, amma koren waken nan shi ya shiga ransa, don shi ne Madam ta fi yi masa faɗa a kai. Da 'yar Hausarta ta bariki take cewa, "Hammawa, wuta ya yi yawa! Kar ka kashe shi. Wake yana da rai."

Har ya ƙware. A tsinke kan waken da gindinsa. A tafasa ruwa da gishiri, a zuba, kafin ka gama salati uku a tsame, a tsunduma cikin ruwan sanyi don koren ya tsaya. 'Yan albasar a jiƙa su a ruwan zafi, ɓawon ya saluɓe da kansa, kada wuƙa ta raba ko ɗaya. A soya su a hankali har su yi ja su yi zaƙi, sannan a juye waken a kai, a barbaɗa masoro, a sauke. In an ciza, a ji ƙaras. Wata rana bota ta yanke ana jiran baƙi, Hammawa ya ɗauko man shanun da wata gwaggonsa ta aiko masa ya soya da shi. Baƙi suka suɗe faranti. Wani babban hafsa ya sa aka kira shi har falo, ya miƙa masa hannu suka gaisa. Ai kuwa daga ranar kan Hammawa bai sake komawa daidai ba.

Hamsatu tallan nono take kaiwa bakin bariki, nan suka ga juna, kuma ita ta fara so. Da manya suka je nema, aka tambayi sana'ar yaro, aka ce yana aiki a bariki. Babu wanda ya yi ƙarya. Mahaifinta ya ji bariki, ya hango bindiga, ya ba da 'ya da murna. Sai ranar da amarya ta fara wanki ta zaro farin ƙyallen nan da wata doguwar hula kamar buhun gishiri.

"Malam, wane irin soja ne ke sa wannan?"

"Sojan da ke ciyar da sojoji."

Ta daɗe tana kallon hular. Ba ta yi yaji ba, ba ta kai ƙara ba. Ta wanke ta, ta shanya a cikin ɗaki inda maƙwabta ba za su gani ba. In danginta sun tambayi maigida, sai ta ce yana bariki, ta kawo wata hira.

Abin ya yi wa Hammawa ciwo, ciwo sosai. Sai ya ƙudurta zai nuna mata cewa aikinsa aiki ne, da abin da babban hafsa ya ba shi hannu a kai. Ya yi cefane da kansa, ya karɓi murhunta, ya yi girki na gani na faɗa, ya ajiye mata.

Ta leƙa kwanon. "Abinci ne ko miya?"

"Ba abinci ba ne, ba kuma miya ba ce. A gefe ake sa shi."

"Gefen me?"

"Gefen abinci mana."

Ta ɗauki sili ɗaya ta lanƙwasa, ya karye ɓas. "Ikon Allah. Wake bai nuna a gona ba, bai nuna a tukunya ba. Albasa kuma ta gyara. Malam, mu a gidanmu in wake na cikin kwasfarsa kore shar haka, harawa muke ce masa, kuma mun san masu cinta."

Ya ce ta ɗanɗana dai. Ta ce ai shi ya ce a gefe ake sawa, ta ɗauka ta sa a gefe, can gefen turken awaki.

Sunan ya bi girkin har yau. A karo na biyu ba ta ba awaki ba, don ta ce almubazzaranci ne a zubar da man shanu. Juyewa ta yi cikin miyar taushe, ta ƙara daddawa, ta bar shi kan wuta har ya yi luguf, ya koma kalar tsohuwar tabarma. Hammawa ya shigo ya gani, ya ɗora hannu a ka.

"Kin kashe shi, Hamsatu! Wallahi kin kashe shi!"

"To da ransa kake so mu ci shi?"

Kada a ɗauka zaman nasu na rigima ne. Ko kusa. Da albashin kuku ya sayi filin Inkil tun ana noma gero a wurin, ya yi gini, ya saya mata 'yan shanu biyu don ta riƙa jin warin gida. Ya yi wa ɗansu Salihu karatu har ya zama ma'aikaci, ya aurar da 'yarsu Hafiza. An yi ta canza hafsoshi, kowane mai tafiya ya bar wa mai zuwa Hammawa kamar yadda ake barin kujerun gidan. Hamsatu ba ta taɓa ɗaga masa murya ba, ba ta taɓa kiran sunansa ba, ba ta kuma taɓa cin abinci a gabansa ba, don kunyar da aka raine ta da ita. Tana cin kazarsa a ɓoye, tana cin shinkafarsa. Harawa ce kawai ta ce ba da ita ba. Shi kuwa duk abin da ta ci bai lissafa shi a ci ba.

Kowace Sallah sai ya yi. Ya tafi Muda Lawal ya tsuguna gaban tulin albasa yana tsince ƙanana, masu albasa na zolayarsa, "Baba, ga manya nan masu kyau, ko hannu ne bai kai ba?" Ya yi musu banza. Ya dawo ya girka, ya ajiye a gefen tuwon Sallah. Yara su tsince albasar don zaƙinta, su bar waken. Awakin gidan dai ba su taɓa kushe masa ba.

Bayan ya bar aiki sai duniya ta juyo wajensa, a makare kamar yadda ta saba. Likitoci suka hau cewa a ci ganye, kada a dafa shi ya mutu. Wata rana Hafiza ta zo daga gidanta na Gwallameji da waya a hannu tana haki.

"Baffa, ga harawarka a waya! Wallahi ita ce, har da 'yan albasar. Yanzu sai gidan masu hali ake ganinta, albasar ma a leda ake sayar da ita a manyan kantuna."

Hammawa ya karɓi wayar, ya kai ta har gaban Hamsatu. Ta kalla daga farko har ƙarshe, ta miƙa masa.

"Ashe kuna da yawa," ta ce. "Allah ya ba ku lafiya."

Ya mayar wa Hafiza wayarta. Ya gane a ranar cewa ko mutanen duniya kaf za su yi layi su ci, ba zai ƙoshi ba. Baki ɗaya yake so, kuma bakin yana cikin gidansa a rufe.

Ana nan tsufa ya zo, bai kuma zo shi kaɗai ba. Ciwon suga ya kama Hammawa, mutumin da ya fi kowa yi wa ganye hidima a Inkil, Hamsatu kuwa mai tuwo da man shanu ko ciwon kai ba ta yi. Haƙoransa suka fara sallama ɗaya bayan ɗaya, har aka bar shi da dasashi da 'yan gaba guda biyu masu girgiɗi. Da damina ta faɗi zazzaɓi ya kwantar da shi. Zazzaɓin ya tafi, cin abinci bai dawo ba. A kawo kunu ya kau da kai. A kawo fura, furar Hamsatu da ake labari, ya ce a ajiye. Sallar layya ta zo ta wuce, karon farko babu harawa a gidan, bai ma yi zancenta ba. Wannan ne ya tsorata Hamsatu fiye da ramar da ya yi.

Wata rana da safe ta yafa mayafi ta hau keke napep, ba ta gaya wa kowa inda za ta ba. A Muda Lawal aka ga wata tsohuwar Bafulatana tsugune gaban tulin albasa tana tsince ƙanana. Mai albasa ya ce, "Inna, ga manya nan masu kyau." Ta ce masa ya ji da kasuwarsa.

Daga kan gadonsa Hammawa ya jiyo ƙamshi. Man shanu, albasa, masoro. Ya ce a ransa ciwo ne ya fara taɓa masa kai. Sai ga ta da tire, tuwon dawa a tsakiya, miya a kwanonta, ga wani ƙaramin faranti a gefe. Kore shar. Albasar nan ja, mulmul, ko ɗaya wuƙa ba ta raba ba.

"Wa ya yi wannan?"

"Awaki."

"Wa ya koya miki?"

"Shekara nawa kana ƙwace mini murhu, Malam? Ido fa ba ya kunya kamar baki."

Ashe duk Sallar da take zaune tana tsefe kan Hafiza ta juya masa baya, tana satar kallonsa, tana ƙirga salatinsa. Hawaye ya cika masa ido, bai ɓoye ba. Ya tashi zaune da kansa, ya yi bisimilla, ya ɗauki sili ɗaya ya kai baki.

Ya datsa. Wake ya ce bai san zance ba. Ya mayar da shi hagu, dasashi ya zame. Ya mayar dama, haka. Ya gwada da 'yan gaban nan biyu, azaba ta ziyarce shi har tsakar ka. Girki ya yi yadda Madam Christiana ke so, babu inda za a kushe shi, kuma babu yadda za a yi ya ci. Ya daɗe da silin a baki yana tsotsar man shanun. Sannan ya zaro shi a hankali, ya sunkuyar da kai.

"Hamsatu."

"Na'am."

"Bai nuna ba."

Da wata mace ce da ta yi guɗa, don maganar da ta kwashe rabin rayuwarta tana faɗa ke nan, yau ga ta ta fito daga bakin mai ita. Hamsatu ko murmushi ba ta yi ba. Ta ɗauki farantin ta fita. Ta raba shi biyu, ta kashe rabi a wuta da daddawa har ya yi luguf, ta kawo masa. Ya ci, ya kuwa ci da yawa, har da tuwo, yana ci yana jin haushin daɗin da yake ji.

Ɗayan rabin ta ajiye a gabanta. Ta zauna bakin tabarma, kusa da kunnensa ɗaya da tsufa ya bar masa yana ji. Ta ja mayafi ta kare rabin fuska, don ba ta taɓa tauna a gaban mutumin nan ba. Ta ɗauki sili ɗaya.

Ƙaras.

Hammawa ya tsayar da lomarsa. Ya ji ta tauna, ya ga maƙogwaronta ya motsa.

"Yaya kika ji?" ya tambaya, muryarsa kamar ta saurayi a bakin bariki.

"Harawa ce," in ji Hamsatu.

Ta sake kai hannu.