Kaset ɗin da Ya San Hanya

Ranar Talata na shiga tasi a unguwar Rusaifa, direban ya kunna wata waƙar Turawan Amurka, irin ta makiyaya masu faffaɗar hula, jita da murya a sanyaye. Mace ce ke rerawa, amma na gane ta. A bakin namiji na san ta, kuma ƙarshenta kawai na sani.

A unguwar Mansur na tashi, nan ƙasa mai tsarki, a ɗakin kakata. Tana budurwa ta zo aikin hajji ta zauna, ta bar ƙaninta a Katsina. Ba ta da takardun fita, shi kuma bai taɓa samun kujera ba. Abin da ya haɗa su kaset ne guda ɗaya. Duk shekara wani alhaji zai kawo shi, ta saurari muryar ƙanin har alhazai su sauko daga Mina, sannan ta ɗora tata amsar a kai, a mayar.

Ka lura, ba ta iya amsa masa sai ta goge muryarsa. Babana ya sha sayo mata sababbi, ta ƙi.

"Halas, ya isa, bar su," in ji ta. "Wannan ya san hanya."

Asalinsa kaset ɗin waƙa ne na ƙanin, shi ya fara ɗora magana a kai. Maganarsu ba ta taɓa cinye shi ba. In gaisuwa ta ƙare, sai ka ji ƙarar maɓalli, Baturen ya faɗo daga tsakiyar baiti. Kaka, wadda ko rediyon maƙwabta ta ji sai ta yi a'uziyya, ba ta kashewa. Takan ce, "Ji shiriritar yaron nan." Yaron, wato ƙanin, ya haura sittin.

Ni nake danna mata jan maɓallin. Tana zaune kan darduma, fanka na juya zafi, ƙanshin soyen masa na shigowa daga lungu. Ta yi gyaran murya, ta ce in danna. Da yatsana na goge shi, shekara bakwai a jere.

A ta takwas alhajin ya zo, ya daɗe yana gaisuwa bai ɗago kai ba. Ƙanin ya rasu tun kafin saƙon bara ya isa. Iyalinsa sun maido kaset ɗin yadda ya je.

Ta ce in kunna. Muka zauna muna jin muryarta tana tambayarsa ciwon ƙafarsa, tana yi masa tsiyar rowa. Ba ta yi kuka ba, ni ma ban yi ba. Da maɓallin ya yi ƙara waƙar ta shigo, ta ce, "Mayar min nan." Tun daga ranar, wurin nan kaɗai take saurare, har ta rasu.

Da na sauka daga tasin na bincika a waya. Ashe mawaƙa da yawa sun rera ta, maza da mata, wasu da goge, wasu a yaren da ban sani ba, kowa na ɗora muryarsa kan ta wani. Na bi su ɗaya bayan ɗaya har na samu mutumin namu. Na ji farkonta karo na farko. Na zaci wani abu zai motsa a ƙirjina, bai motsa ba.

Yanzu 'ya'yana na tura wa dangi murya a waya, ba abin da ke gogewa, ba kuma mai sake saurare. Ni dai in na kunna waƙar, wucewa nake zuwa tsakiya. Farkon nan wurin maganar ƙanin Kaka ne, kuma ni na danna.