Hannun Mai Barbarar Dabino

Shekarun baya, a ƙarshen sanyi, misalin ƙarfe bakwai na safe, mu biyu ne a wata gonar dabino a unguwar Awali, cikin iyakar Harami: ni da dattijon da ke kula da ita. Wanda ya aiko ni, wani Bafaranshe mai ɗaukar hoto da ya koma shirya fim, yana can otal a wajen iyakar Harami, domin ba Musulmi ba ne. Shekara talatin yana riƙe kyamara da hannunsa, ranar kuwa dole ya miƙa ta gare ni, ni da iyakacin sanina ɗaukar labaran talabijin.

Naɗin fim ɗaya ya ba ni, na minti goma, wanda ba za a ga abin da ke ciki ba sai an wanke shi a Faransa. Umarninsa guda: fuskar mai barbarar dabino, kusa-kusa.

Dattijon jikan mahajjatan Katsina ne, Hausarsa rabi Larabci. Ya ba ni gahawa, ya saurare ni har na gama tsara bayani kamar mai karanta labarai, sannan ya ce, "Ya waladi, fuskata ba ta aiki. Hannu ke yi. Khalas, shi ke nan."

Na ce, "Baba, ko daƙiƙa biyar?" Ya ɗaura igiyarsa ya hau bishiya.

Kyamarar tana iya janyo fuska daga nesa ba tare da ya sani ba, kuma na yi wannan tunanin. Sai na sauke ta kan hannuwansa: yadda yake tsaga kwanson fure, ya cusa tsinken namiji a cikin na mace, ya ɗaure da ganye, ƙaya na karce shi bai ko duba ba. Na bar fim yana tafiya har ya ƙare.

A hanyar otal na shirya uzuri uku, duk na manta su a bakin ƙofa. Na faɗi gaskiya. Bafaranshen ya tambaya ko na motsa kyamarar. Na ce a'a. Ya karɓi gwangwanin fim ɗin.

Na ɗauki manyan mutane da yawa bayan nan, amma da wannan safiyar nake alfahari, don ban saci abin da aka hana ni ba.

Da fim ɗin ya fito, hannuwan ne suka buɗe shi, minti huɗu ba yanka. A jerin masu ɗaukar hoto, sunana ne na farko.