Audugar Gwaggo Hiltrud

Gwaggona Hiltrud, ƙanwar babanmu, da sharar gashi ta fara a shagon wani mai aski a garin Bamberg na ƙasar Jamus. Allah ya yi mata hannu, shi ya sa zamanin 'yan Nazi wani kamfanin fim ya ɗauke ta tana yi wa 'yan wasa kwalliya. Mutane na layin burodi, ita tana shafa man shanu a nata.

Bayan yaƙin duniya na biyu ta dawo gida ta buɗe shagonta. Duk amaryar unguwarmu daga hannunta take fita. Ni ma ranar aurena a gabanta na zauna.

Ta kama haɓata ta jujjuya. "Ke, angon nan ƙashi zai aura? Buɗe baki."

Ta cusa mini auduga a kumatu, ta goga jar hoda. Nan take fuskata ta cika a madubi.

Na ce, "Gwaggo, ina kika koyi wannan?"

"A sansanin da aka tsare Yahudawa, lokacin da aka kai mu ɗaukar fim ɗinsu. So ake duniya ta ga suna cikin jin daɗi, ga yaran kamar tsinken tsintsiya. Darakta ya rasa yadda zai yi, na ce a kawo mini auduga." Ta yi dariya. "Sai dai cinyewa suke yi. Ina juya baya sun haɗiye. Dole na riƙa jiƙa ta da ruwan sabulu."

"Yaran fa, ina suka ƙare?"

"Ana gama ɗauka jirgin ƙasa ya kwashe su zuwa inda ake kashe su. Daina motsi, za ki ɓata mini gira."

"Kuma abin bai dame ki ba?"

"Ni kwalliya na yi, 'yar nan, ko yaro ɗaya ban mara ba. Da kin ga yadda suka fito a majigi, sai ki rantse 'ya'yan masu kuɗi ne."

Na tashi na shiga banɗaki, na zaro audugar na jefar. Na wanke fuskata tas, haka na tafi coci.

A wajen liyafa ta bi baƙi tana cewa yaran yanzu ba su san alheri ba. Babanmu ya ce in je in ba ta haƙuri. Ban je ba, ban kuma sake taka shagonta ba.

Ta ci gaba da aiki har hannunta ya fara rawa. Ta haura shekara tamanin, ta mutu cikin barci a gadonta, ranar jana'izarta kuma cocin ya cika maƙil.