Wuƙar Mahaifin Abokina a Kan Teburin Wasa

Shekarun baya can, lokacin da kuɗin mai ke yawo a Fatakwal har ƙaramin akawu irina yana ɗinka sabuwar riga duk wata, na taɓa zama alƙalin wani wasa. Jikokina ne suka tuna mini da shi kwanan nan, da na gan su suna yin irinsa a waya. Mu namu a kan tebur muke yi, da littafi da fensir da 'ya'yan lido masu fuska barkatai.

Abokin aikina ne ya kawo littafin, wani ɗan kudancin Kaduna da kamfaninmu na unguwar Trans-Amadi ya tura kwas ƙasar waje. Wasan labari ne. Mutum ɗaya yana riƙe da littafi, shi ke faɗin inda aka shiga da abin da aka gani, shi ke magana da bakin duk wanda aka haɗu da shi a hanya, sarki ne ko dodo. Sauran kuma kowa ya zaɓi wanda zai zama, wani jarumi, wani matsafi. Ni na karɓi littafin, don a lokacin ina ganin babu wanda ya kai ni Turanci daga unguwar Diobu har bakin ruwa. Na ukunmu abokina ne tun ƙuruciya, mahauci a mayankar Trans-Amadi, mutum marar yawan magana. Shi ya zaɓi matsafi.

Dokar littafin ta ce sihiri a cikin wasan ba ya ci sai da abu uku: kalmomin da za a furta, da motsin hannu, da kayan haɗi. A can inda aka ƙirƙiro wasan, baki kawai ake sa wa, mutum ya ce matsafina yana da gashin tsuntsu a jakarsa, shi ke nan an wuce. Ni kuwa wannan bai kwanta mini ba. Mu 'ya'yan kasuwa ne, wa ke yarda da kayan da bai gani ba? Sai na kafa tawa dokar: duk abin da sihiri ke buƙata, sai an ɗora shi a kan tebur na gani da idona.

Allah ya yafe mana wauta. Ga mu ƙarti da gemu, amma ranar Asabar za ka gan mu a kasuwar Mile 3 muna roƙon masu kaji gashin zakara, muna tambayar 'yan koli farar wuta. Abokin aikina ya taɓa hawa kujera da tsinken ashana yana naɗo yanar gizo-gizo, kujerar ta zame da shi. Mahaucin ya fi mu samun sauƙi, gashin rago da ƙaho da kitse duk a wurin aikinsa suke. Ranar Lahadi bayan la'asar sai mu baje su a ɗakina, ni kuma ina ta hura hanci ina duba kaya kamar ɗan kwastan.

Wata Lahadi labarin ya kai su wani kangon birni, suka tarar da gawar mai gadin ƙofa, kuma shi kaɗai ya san hanyar fita. Akwai sihirin da ake yi gawa ta amsa tambaya uku. Don in wahalar da su, na ce kayan haɗinsa shi ne wani abu na mamaci. A raina tsohon kwabo nake nufi, ko maɓallin riga, abin da za mu yi dariya mu ce na mai gadin ne. Muka tashi a kan sai mako mai zuwa.

Sai na ɗan tsaya in gaya muku zancen mahaifin abokina, don ni ma a ranar na manta da shi. Lokacin da rikici ya tashi mutanenmu suka gudu Arewa, shi ya sa matarsa da 'ya'yansa a mota, ya ce bari ya koma ya rufe rumfa, zai biyo su. Bai biyo su ba. Bayan yaƙin basasa suka dawo Fatakwal suka nema har suka gaji. Abin da suka samu kawai wuƙarsa ta fiɗa, wadda wata maƙwabciya 'yar garin ta ɓoye musu. Malamai sun yi wa Inna, mahaifiyar abokina, bayani cewa lokacin jira ya wuce. Ta ce ita ba ta ga gawa ba. Sama da shekara goma, a gidan nan babu wanda ya isa ya ce Allah ya jiƙansa, har abokina bai taɓa furta wa ubansa wannan addu'a ba.

Lahadi ta zagayo da ruwan sama irin na Fatakwal, wanda ke dukan kwano har sai ka ɗaga murya. Abokina ya shigo a jiƙe, ya zauna, ya zaro wani abu naɗe a tsumma ya warware. Wuƙar ce. Ƙotarta ta yi baƙi, har da ɗan lotsawa inda babban yatsa ya saba zama.

Na ce, "Haba, wannan ai ba ta mai gadin ƙofa ba ce."

Ya ce, "Cewa ka yi wani abu na mamaci. Kai ne alƙali. Ta karɓu ko ba ta karɓu ba?"

Abokin aikina ya ja kujerarsa baya, ya fara da Turancin buroka. "Abeg, make we leave dis one. Mu yi wani wasan, don Allah."

A nan na gane ramin da na haƙa wa kaina. In na ce ta karɓu, na ce mai wuƙar ya mutu. In na ce ba ta karɓu ba, na ce yana raye, na mayar da abokina cikin jiran da ya cinye masa ƙuruciya. Na miƙa hannu zan ɗauki ɗan lido in jefa, ko na ɗora masa laifin. Abokina ya dafe shi da tafinsa.

"Wannan sihirin ba a jefa masa komai. Kai ka karanta mana. In kaya sun cika, ya ci."

Ashe duk shirun da yake yi, ya fi ni riƙe dokokin. Ya furta kalmomin banzan da muka ƙirƙira, waɗanda kullum sai mun yi dariya kafin a kai ƙarshensu. Ranar babu wanda ya yi. Ya juya hannunsa sau uku a kan wuƙar. Ruwan nan ya ɗauke lokaci guda, sai ɗigar indararo kawai ake ji. Na san ruwan garin haka yake yi, amma sai da na waiga ƙofa.

Na ji bakina ya ce, "Ta karɓu."

Bai tambayi hanyar fita daga kango ba. Ya dube ni, amma ba ni yake gani ba, ya ce, "Baba, ka sha wuya?"

Na shaƙe murya yadda nake yi wa tsofaffin cikin labari. "A'a. Abin bai daɗe ba."

"An rufe ka?"

"Wani ya rufe ni. Ba namu ba ne, amma ya kyauta."

Waɗannan biyun na san daga inda suka fito, tausayi ne, duk mai zuciya abin da zai faɗa ke nan. Saura ta ukun. Sai ya ce, "Me zan ce wa Inna?"

"Ka ce ta daina cika mini buta."

Wallahi ban shirya wannan maganar ba. Ban taɓa wuce zauren gidansu ba. Abokina ya ƙura mini ido. Ya ce kullum kafin magariba Inna sai ta cika tsohuwar butar mahaifinsa ta ajiye a bakin ƙofar ɗaki, da safe ta zubar, kuma ko ƙannensa ba sa zancen a waje. Na ce wataƙila ya taɓa gaya mini muna yara. Ya rantse bai taɓa ba. Ya naɗe wuƙarsa ya fita. Abokin aikina ya tattara gashin kajin da sauran tarkacen ya watsa a kwata, ni kuma na yi ta istigfari har aka kira sallah.

Bayan kwana uku Inna ta aiko kirana. Na tafi, na tabbata zagi zan sha, kuma na cancanta. Na durƙusa na gaishe ta. Ta amsa a tsanake, ta tambayi mutanen gidanmu ɗaya bayan ɗaya, sannan ta ce, "Ɗan nan, kai ne ka ji shi?"

Na ce, "Inna, ki yafe mini. Wasa ne na banza. Ban ji kowa ba, bakina ne kawai. Matattu ba sa magana da irinmu."

Ta ce, "Na sani. Ni ma na yi karatu daidai gwargwado." Ta gyara mayafinta. "Amma duk waɗanda suka zo mini, cewa suke in haƙura. Babu wanda ya ce mini an rufe shi."

Ranar Juma'a aka yi ƙosai aka raba sadaka, liman ya yi addu'a. Ina kusa da abokina lokacin da ya ce Allah ya jiƙan Baba. Muryarsa ta karye a tsakiya, ya sake daga farko. Littafin kuwa na mayar wa mai shi, ban ƙara riƙe shi ba.

Na daɗe ina tambayar kaina ko alheri na yi ko ɓarna. Gidan ya samu sauƙi, wannan na gani da idona. Amma ni na san ban san komai ba game da mutumin nan. Dokar da na ƙirƙira don in nuna isa ce ta matse ni har na yanke hukuncin da ba nawa ba, kuma tun daga ranar nake tsoron duk wata doka da na kafa wa wani ba tare da na yi tunanin inda za ta kai shi ba. Zancen butar har yau ban gano bakinsa ba, na bar wa Allah.

Inna ta rasu da daɗewa, abokina ma ya bi ta. In an yi lissafi, mahaifinsa ko yana raye a lokacin, yanzu ya wuce shekarun da mutum ke kaiwa. Duk da haka, in na bi ta tasha na ga wani tsoho ya sauko daga motar Arewa yana waige-waige kamar mai neman gidan da ya sani, sai na tsaya cak har ya wuce, ina tunanin abin da zan ce masa.