Baƙin Man Inji Da Na Shafa Wa Uwar 'Ya'yana A Ƙafa

Assalamu alaikum. Ni dattijo ne yanzu, gemu ya yi fari, kuma ba zan faɗi sunana ko na ƙauyenmu ba, domin waɗanda abin ya shafa suna nan da ransu. Abin da zan iya faɗa shi ne a bakin tafkin Kainji nake, ta wajen ƙasar Ngaski, kuma a shekarun da wannan abu ya faru ni ne mai jirgin inji da ke kai mutane da kayansu kasuwar Yauri. Karatuna bai wuce firamare ba, amma a lokacin ina ji da kaina ƙwarai. Ni nake gyara injina da hannuna, har manoman albasa sukan kawo mini injinan ban-ruwa in duba musu. Na san inda kututturan itatuwa suke a ƙarƙashin ruwa, ban taɓa kifar da jirgi ba, kuma in na yi magana a bakin ruwa ba a cika mayar mini ba. Har gobe ina alfahari da wannan aiki. Sai dai mutumin da ba a mayar masa da magana, ranar da zai yi kuskure ba ya samun mai tare shi.

Duk wanda ya zauna a bakin ruwa ya san ƙaiƙayin ƙafa. In tafki ya ja baya, ya bar taɓo da ƙananan kududdufai, mai dashen shinkafa da mai jan taru duk a cikin wannan kwantaccen ruwa suke wuni. Da yamma sai ƙafa ta kama ƙaiƙayi, ƙananan ƙuraje su feso daga idon sawu zuwa ƙwauri. Wani tsohon masunci ne ya taɓa nuna mini cewa in an shafa baƙin man da ake juyewa daga inji kafin a shiga ruwa, ƙudaje masu cizo da matsattsaku ba sa kusantar mutum. Ni da nake da galan-galan na baƙin mai a bayan ɗaki, sai na ɗauki abin na ƙara masa nawa. Na zuba toka da ɗan kananzir, na ce ai ba kariya kaɗai ba ce, magani ne. Da yake in an shafa ƙaiƙayin yakan lafa na ɗan lokaci, mutane suka yarda. Masunta suka riƙa zuwa da kwalabe, ina cika musu kyauta, ina jin daɗin ana cewa hannuna yana da sa'a. In wani ya dawo ya ce ƙurajen sun ƙaru, har sun yi farin baki, sai in ce masa ya gode Allah, ciwon ne yake fitowa waje. Ni kaina ƙwaurina cike yake da su, kuma abin da nake gaya wa kaina ke nan.

Matata, uwar 'ya'yana, tana da gayauna a bakin ruwa inda take dasa shinkafa. Mace ce mai ƙarfin hali, ba ta ƙorafi. A wata shekara ƙurajen suka kama ta fiye da yadda ta saba, musamman a ƙafar hagu. Ta so ta riƙa wankewa da ruwan ɗumi da sabulu kamar yadda ta ga mahaifiyarta tana yi, na yi mata dariya, na ce yaya za a ce gidan mai magani ana wanka da sabulu kamar baƙi. Da hannuna na shafa mata, safe da yamma, na kuma sa ta naɗe da tsumma don kada maganin ya goge. Ƙurajen suka girma, suka yi ruwa. Na ce mata suna nuna ne. Da wani babba ya fito a tsakiyar ƙwauri ya ƙi fashewa, sai na ɗauko reza na tsaga shi, na matse, na cika ramin da haɗin nan nawa. Ta rintse ido. Wata Bakambara maƙwabciyarmu, wadda suke zuwa gona tare, ta leƙo ta ga abin, ta tambaye ni ko na ɗauka ƙafar mutum ma injin ban-ruwa ce. Na ce mata ta je ta ji da tukunyarta.

A nan sai na yi wa mai karatu bayanin wani abu na gidanmu, ko da yake Bahaushe ya san shi. Ɗanmu na fari a lokacin magidanci ne, masunci, gidansa yana can ƙarshen ƙauye. Tun da aka haife shi uwarsa ba ta taɓa kiran sunansa ba, ba ta zama inda yake zaune, ba ta yi masa magana kai tsaye, saboda kunyar ɗan fari. A wurin kakarsa ya tashi. In ya shigo gaisuwa, daga bakin ƙofa yake durƙusawa, ita kuma ta amsa daga cikin ɗaki a taƙaice kamar wadda ake bi bashin magana. Ni ma haka nake yi da shi. In ina da saƙo sai in faɗa wa ƙanwarsa, ko in yi magana ina kallon bango. Mun ɗauki wannan abin ado, kuma har yau ban ce ba shi da kyau ba. Amma saboda shi ne ya zamana mutumin da ya fi kowa ikon tsayawa a kan maganar uwarsa shi ne na ƙarshe da ya ji. Ita kuwa ta gargaɗi yaran gida kada wanda ya kai masa labari.

Matarsa ce ta gano. Ta zo taya surukarta daka, ta tarar da ita kwance tana rawar sanyi da rana tsaka, ƙafar ta kumbura har gwiwa, tana sheƙi, ta yi zafi kamar an ɗora ta a kan murhu, ga wari yana tashi daga tsumman. Ta koma ta gaya wa mijinta. Shi kuma ya bi hanyar da muka koya masa, ya aiko ƙanwarsa ta ce mini yana roƙon a kai Inna asibiti. Na ce ta gaya masa na ji, amma ƙurji ba ya warkewa sai ya gama zubar da abin da ke cikinsa. Ya sake aiko wani baffansa, shi ma na sallame shi da wannan magana. Gaskiyar da ban faɗa wa kowa ba ita ce, ni ma na fara jin tsoro. Amma ina tunanin yadda za a ce matar mai maganin ƙuraje ce aka ɗauka zuwa asibiti saboda ƙuraje, a cikin jirginsa, a gaban mutanen da ya cika wa kwalabe.

Ranar kasuwar Yauri da safe na sauko bakin ruwa, jirgi ya riga ya cika da buhunan albasa da kwandunan busasshen kifi, mata sun zazzauna a kan kayansu. Sai na tarar da ɗan nan nawa a tsakiyar jirgin yana sauke buhuna yana jerawa a kan yashi, yana ba masu su haƙuri ɗaya bayan ɗaya. Na tambayi mutanen da ke wurin, ba shi ba, wa ya sa a taɓa mini kaya. Ya miƙe, ya dube ni ido cikin ido, abin da bai taɓa yi ba tun da ya yi wayo.

“Baba, Inna za ta kwanta nan. In kai za ka ja jirgin, to. In ba haka ba ni in ja.”

Bai jira amsata ba, ya haura cikin gari. Kowa a bakin ruwa ya juyo yana kallona. Na tsaya cikin fushi, ina shirya maganar da zan yi masa in ya dawo. Can sai ga shi yana saukowa, ya goyo uwarsa a baya kamar jaririya, matarsa tana biye tana tallafe da ƙafar. Uwar da ba ta taɓa yarda su haɗa ido ba, ga ta a bayansa, ta rufe fuska da mayafi. Da suka zo kusa na ji ta, da muryar da zazzaɓi ya cinye, tana ce masa ya sauke ta, mutane suna kallo.

“Su kalla, Inna,” ya ce.

Wata tsohuwa mai sayar da daddawa, wadda buhunta yana cikin waɗanda aka sauke, ta juyo wurina ta ce in daina kumbura fuska, wasu sun haifi 'ya'ya, ni na haifi mutum, in shiga in ja jirgi tun rana ba ta yi ba. Ban san lokacin da na shiga na tayar da inji ba. Duk tsawon hanyar nan zuwa Yelwan Yauri yana zaune ya ɗora kan uwarsa a cinyarsa yana kare mata rana da rigarsa, ni kuma ina baya riƙe da inji, ina kallon ƙeyarsa.

A asibiti, kafin a ga ciwon ma sai da ma'aikaciyar jinya ta sha aikin wanke baƙin man, tana canza auduga tana girgiza kai. Ta tambayi wa ya yi wannan aiki. Matata, a cikin halin da take, ta ce ita ce ta shafa da kanta, wai a wurin mata ta ji. Wannan rufin asiri ya fi mini zafi a kan zagi. Na ce a'a, ni ne, ni na haɗa, ni na shafa, ni na tsaga da reza. Likitan da ya duba ta bai yi mini faɗa ba, ya zaunar da ni ya yi mini bayani kamar yadda ni ma nake yi wa mai inji in ya zuba gurɓataccen mai. Ya ce ƙurajen ƙafa iri-iri ne. Akwai na cizon ƙwari, akwai na zufa da matsattsun kaya, akwai waɗanda ke fitowa in ƙwayar cuta ta shiga tushen gashi, akwai kuma ƙaiƙayin da ake samu a kwantaccen ruwa mai katantanwa, wanda wani lokaci yakan zo tare da tsargiya, shi ya sa za su gwada fitsarinta. Ya ce baƙin mai yana toshe ƙofofin fata, ya riƙe datti da zafi, shi da kansa yana haifar da ƙuraje, kananzir kuma yana ƙona fata. Abin da nake kira fitowar ciwo, sabon ciwo ne nake shukawa. Reza kuwa ita ta buɗe wa ƙwayar cuta ƙofa ta shiga cikin nama. Ya ce da an ƙara jinkiri, da maganar yanke ƙafa ake yi, ko abin ya shiga jini.

Ta daɗe a kwance, ana allura ana wanke ciwon. Allah ya sa ƙafar ta tsira, sai dai tabo mai faɗi da ya rage a ƙwaurin, da ɗan ɗingishi in sanyi ya sauko. Ni ma aka duba nawa ƙurajen, aka ce in daina shafa komai, in riƙa wankewa da sabulu in busar, aka ba ni wani man shafawa na asibiti. Abin da na yi shekaru ina fama da shi ya baje. Da muka dawo gida, ranar kasuwa ta farko, kafin in tayar da inji na tsaya a kan jirgi na gaya wa jama'a cewa duk mai kwalbar haɗina ya daina shafawa, ni na ɓatar da su, kuma sun ga abin da ya jawo a gidana. Wani abokin wasana ya ce to yanzu likita ya ajiye aiki, wa zai biya su kuɗin sabulu. Aka yi dariya, ni ma na yi. Har yau wasu tsofaffi in sun gan ni sukan ce ga likitan baƙin mai, ina amsawa, domin na ci sunan.

Abin da nake so masu karatu su ɗauka, musamman mutanenmu na bakin ruwa daga Shanga har Wara, shi ne ƙurji a ƙafa ba abin rainawa ba ne kuma ba abin gwaji ba ne. In kun fito daga ruwa ko taɓo, ku wanke ƙafa da ruwa mai tsabta da sabulu, ku goge ta bushe har tsakanin yatsu. Mai halin sayen takalmin roba mai tsawo ya saya, ya kuma riƙa shanya shi. Kada a sosa har a yi rauni, kada a matse, kada a kusanto da reza. Man inji na inji ne. In ƙurji ya tara ruwa, ko ƙafa ta kumbura ta yi zafi, ko zazzaɓi ya biyo baya, a tafi asibiti a ranar, balle ga mai ciwon suga, wanda aka ce mini rauninsa ba ya saurin warkewa. Ku kuma maza irina, in a gidanku an daina mayar muku da magana, kada ku ɗauka kullum gaskiya ce da ku.

Ban taɓa buɗe baki na ce wa ɗan nan na gode ba, harshena bai saba ba. Abin da na yi shi ne, da ƙarfina ya fara raguwa, na kira shi bakin ruwa a gaban mutane na damƙa masa jirgin da injinsa, ina kallon fuskarsa, ba bango ba. Shi ke jan sa yanzu, kuma duk ranar da na ji ƙarar injin yana dawowa daga Yauri sai in ji ƙirjina ya cika. Uwarsa kuwa ta koma yadda take, ba ta kiran sunansa, in ya zo gaisuwa daga cikin ɗaki take amsawa. Amma kowace shekara in ruwa ya ja baya, takan sa takalmin robar da ya sayo mata, ta bi ta ƙofar gidansa a kan ƙafafunta biyu ta tafi gayaunarta, alhali akwai hanyar da ta fi kusa.